Rigar Makarantar da Na Wanke

3 ga Fabrairu

Ƙanena Akawu,

Sallama da gaisuwa mai yawa. Yaya aiki, yaya matarka da yara? An ce mini ciwon ƙafarka ya sake tashi, ka rage zaman kujera. Mu nan lafiya, sai bayana da tururin ɗakin wanki ya gama da shi. Rabonmu da haɗuwa tun rasuwar kakarka, ƙanwar kakata, shekara shida ke nan, kuma na san za ka ce Yaya ba ta tuna mutum sai ta shiga uku. To na shiga, shi ya sa na tuna ka.

Ka ji abin da ya sami 'yata Auta tana shekara takwas, ko da ban taɓa gaya maka da bakina ba. Direban motar makarantarsu ne, wanda yake sauke ta a ƙarshe saboda gidanmu ne ƙarshen layi. An yi shari'a wata goma sha ɗaya. Yarinyar nan, marainiya, ta tsaya gaban alƙali ta faɗi abin da babba ma ba zai iya faɗa ba, aka ɗaure shi shekara goma sha huɗu. Shekara biyu ke nan da hukuncin. Sai bana ta fara cin abinci kamar mutum, ta daina ɓuya bayan ƙofa in ta ji an taka burki a waje.

Jiya wani ya same ni a wurin aiki, hannuna duk kumfa, ya miƙo mini takarda daga ofishin lauyan gwamnati. Wai mutumin ya ɗaukaka ƙara. Ƙarar me? Shi aka cuta? Na karanta ta sau huɗu, ban fahimci komai ba sai sunansa da aka rubuta da manyan baƙaƙe kamar na mutumin kirki.

Kai shekararka goma sha tara kana rubutu a kotu. Ka fassara mini da maganar mutane. Za su sake shi? Za a sake kiran Auta? Kada ka buga waya, ɗakinmu ɗaya ne kuma ba abin da ke wuce kunnenta. Ka rubuto ta adireshin asibiti, sashen wanki.

Yayarka

14 ga Fabrairu

Yaya,

Na amsa sallamarki. Duk muna lafiya, ƙafar ma da sauƙi. Ke da kika riƙe ni shekara biyu ina sakandare, kina wanke mini kaya kina yi mini faɗan tawadar aljihu, ba kya buƙatar ba ni haƙuri kafin ki aiko. Ni ne mai laifin rashin zumunci.

Ki kwantar da hankalinki ki saurara. Ɗaukaka ƙara ba sabuwar shari'a ba ce. Ba a kiran shaidu, ba a kiran Auta. Alƙalai uku ne za su zauna da kundin shari'ar, wato duk abin da aka faɗa aka rubuta a kotun farko, su karanta. Kuma wanda ya ɗaukaka ƙara shi ne zai nuna musu inda alƙalin farko ya yi kuskure. Wannan nauyin a wuyansa yake, ba a wuyanki ba. Irin waɗannan takardu fiye da ɗari suke wucewa ta teburina a shekara, yawancinsu a nan suke mutuwa. Duk wanda aka ɗaure sai ya gwada sa'arsa, don ba abin da zai yi asara.

Kotunmu daban ce da wadda za ta ji wannan ƙara, saboda haka ba ni da hannu a ciki. Amma ina da ido. Ki je rajistar kotun da ta yi shari'ar ki nemi kwafin kundin da na hukuncin ki aiko mini, in duba in gaya miki gaskiyar yadda yake. Ki shafa mini kan Auta.

Ƙanenki

27 ga Fabrairu

Ƙanena,

Allah ya yi maka albarka. Na karanta wasiƙarka a bayan injin busarwa inda ba mai ganina, na yi kuka na share da gefen zanen gadon marasa lafiya, sai da na sake wanke shi. Tun da takardar nan ta zo ban ji ɗanɗanon abinci ba sai ranar.

Ga kundin nan, shafi tamanin da bakwai, na riƙe kwafi ɗaya. Na rajista ya sa na yi zarya sau uku, kullum wai mai makulli ya fita. Ku akawuna haka kuke duka, ko wannan ne aka yi wa baki?

Auta ta ga ambulan a jakata ta tambaya. Ni da ita alkawari muka yi tun abin nan, ba na yi mata ƙarya. Na ce mutumin ya kai kuka gaba, amma Kawunta da ke aiki a kotu ya ce nauyin yana wuyansa, ba abin da zai faru, magana ta ƙare. Ta ce, "Kawu ya tabbata?" Na ce shekararsa goma sha tara a kotu. Ta koma kan littafinta.

An sa ranar sha tara ga Maris. Lauyan gwamnati ya ce ba dole ne in je ba, kuma ranar muke karɓar kayan ɗakin tiyata, ba mai tsaya mini. Tun da karatu kawai za su yi, su yi karatunsu.

Yayarka

6 ga Mayu

Akawu,

Ina fata kana lafiya, don in ba ciwo ko mutuwa ba, ban san abin da zai hana mutum amsa wasiƙa wata biyu da kwana tara ba. Na ari wayar abokiyar aikina na kira matarka. Ta ce lafiyarka ƙalau, har ƙiba ka yi. Madalla.

An zauna ranar da aka sa. Na je ofishin lauyan gwamnati sau biyu. Yaron da a da yake tashi ya ba ni kujera, yanzu fayil yake kallo in yana yi mini magana. Wai an ajiye hukunci zuwa wata rana, wai, "Mama, mu dai yi addu'a." Tun yaushe lauya ya koma liman?

Shekaranjiya na wuce ta bayan tashar mota na ga ƙanen direban ya buɗe ɗakin yayan nasa da ya yi shekara biyu a kulle. Ya share, ya fito da katifa ya shanya a rana. Wa ake shanya wa katifa, Akawu?

Kai ka ce in aiko maka kundi ka gaya mini gaskiya. Na aiko, ka yi kunnen uwar shegu da ni. Me ka gani a ciki? Ni ba yarinya ba ce. Shekara ashirin da biyu ina wanke jinin mutane da amansu, ba abin da za ka rubuta da zai fi ƙarfin idona. Shirun nan naka ne yake neman kashe ni.

Yayarka, in har yanzu ni ce

15 ga Mayu

Yaya,

Ina gaishe ki, kuma duk abin da kika faɗa na cancance shi. Na karanta kundin a ranar da ya iso. Na fara rubuta miki wasiƙa sau uku ina yagawa. Tsoro ne, ba wani abu ba.

Rabin magana na gaya miki. Gaskiya ne mai ɗaukaka ƙara shi zai nuna kuskuren alƙali. Abin da ban gaya miki ba shi ne akwai nauyin da ba ya taɓa sauka daga wuyan masu gabatar da ƙara, tun daga ranar farko har zuwa kotun ƙarshe. Su ne za su tabbatar da cewa mutum ya aikata, tabbacin da ba ya barin shakka. Shi wanda ake tuhuma ba dole ne ya tabbatar da komai ba. Ban ce miki ba abin da zai faru ba, Yaya, amma na rubuta ta yadda za ki karanta haka, don ina so ki samu barci. Laifina ne.

Ki buɗe naki kwafin, shafi na saba'in da tara, layi na shida daga ƙasa. Alƙalin ya rubuta: "Wanda ake tuhuma ya kasa gamsar da kotu cewa bai aikata ba." Da na ga layin nan sai da na buga teburi har abokin aikina ya waiwayo. Alƙali mai shekara da shekaru a kan kujera ya ɗauki nauyin ya ɗora a wuyan da doka ta ce kada a ɗora. Ya yarda da Auta, ya faɗa a shafi biyu kafin nan. Da ya tsaya a can da shi ke nan. Sai ya ƙara wannan layin, ya miƙa wa lauyan direban makullin gidan yari da hannunsa.

Abu na biyu ya fi mini wuyar rubutawa. Likita ya tabbatar an ji wa yarinya rauni, amma bai iya cewa wane ne ba, domin an yi mata wanka kafin a kawo ta. Rigar makarantar kuma, shafi na talatin da ɗaya, an karɓe ta a wanke, a goge, a linke. Ba a samu komai a jikinta ba. Saboda haka abin da ya haɗa shi da laifin bakin Auta ne kaɗai, kuma a nan lauyansa ya kafa ƙafa.

Na san za ki tsani dokar nan. Ni ma yau na tsane ta. Amma da hannuna na taɓa buga takardar sakin wani tsoho mai gadi da ya yi shekara tara a ɗaure kan abin da bai yi ba, saboda wani alƙali ya rubuta irin wannan layin. Don irinsa aka yi ta.

Ki shirya wa komai.

Ƙanenki

2 ga Yuni

Akawu,

Lafiya muke, in wannan ita ce lafiya. Ka riƙe tsohonka mai gadi. Ni na tambaye ka labarinsa? 'Yata ake magana, kana kawo mini wani tsoho don ka nuna mini dokarku tana da hankali.

Tun da ka karanta shafi na talatin da ɗaya, bari in ba ka abin da ba a rubuta ba. Ta shigo bayan la'asar, ba takalmi ɗaya a ƙafarta. Ta gaya mini a bakin ƙofa, da kalmomin yara. Ban yi ihu ba. Na ɗora ruwa, na yi mata wanka, na shafa mata mai, na sa mata rigar barcinta mai furanni. Sannan na ɗauki rigar makarantar na jiƙa a bilic, na tafasa, na ɗauraye sau uku. Haka ake yi a wurinmu, duk abin da ya zo da tabo ba ya minti biyar a ƙasa. Shekara ashirin da biyu hannuna yana yin haka kafin kaina ya yi tunani. Kuma ko da ya yi tunani, kana so in bar ƙazantar mutumin nan a jikin 'yata har gari ya waye?

Da safe na goge rigar. Na goge ta, Akawu, har da karin hannu, don ina jin kunyar in miƙa wa hukuma kaya a yamutse a ce uwarta ƙazama ce. Ɗan sandan da ya karɓa ya juya ta ya ce, "Kai, Mama, kin iya guga." Ya sa a leda ya rubuta lamba. Bai ce mini komai ba. Lauyan gwamnati bai ce ba. Alƙali bai ce ba. Wata goma sha ɗaya ina zaune a bencin kotu ina ganin ana ɗaga rigar nan, ina jin daɗin ta fi kowane kaya tsafta a teburin. Duk kun sani, kuka bar ni ina murna kamar wawuya.

Hukunci ya fito ranar Alhamis. Sun soke ɗaurin. Sun ce a sake shari'ar daga farko a gaban wani alƙali, sun ba mutumin beli. Alƙali ya yi kuskure yana nan a kujerarsa. Ɗan sanda yana nan da kakinsa. Kai kana nan da albashinka. Wadda za a kira ta biya ita ce yarinya mai shekara goma sha ɗaya, ta sake tsayawa lauya yana tambayarta wace kujera, wane hannu, me ya sa ba ta yi ihu ba. Wancan karon sai da ta yi wata uku tana fitsarin kwance.

Ba zan kai ta ba. Ka rubuta wannan a kundinku. Kuma ban gaya mata ba tukuna, don ban san da wane baki zan ce mata Kawun da ya tabbata bai tabbata ba.

Kada ka amsa in wa'azi za ka yi.

Yayarka

10 ga Yuni

Yaya,

Ina gaishe ki, kuma zan amsa ko kin so ko ba ki so. Ki zage ni, na ci zagi. Amma kada ki sake cewa kuskurenki ne rigar nan. Uwa ce ta wanke 'yarta. Masu albashin sanin abin da ake yi da hujja su ne suka karɓa suna yabon guga. Na karanta wannan wurin sau biyu, raina ya ɓaci har na kasa cin abinci.

Yanzu ki ji abin da ba kya son ji. In Auta ba ta zo ba, shari'ar ta mutu. Ba su da wata shaida. Za a kira sau biyu ko uku, a kori ƙarar, ya fita ba ko tabo a sunansa. Lasisinsa yana nan. Wata makarantar za ta ɗauke shi, kuma kowace mota tana da yarinyar da ake saukewa a ƙarshe. Ban faɗi wannan don in ɗora miki 'ya'yan wasu a ka ba, na faɗa ne don wancan karon na ɓoye miki rabi, kin ga inda ya kai mu.

Akwai abin da za a iya nema. Lauyan gwamnati zai iya roƙon alƙali a ji Auta a ofishinsa, ba jama'a, a sa labule tsakaninta da mutumin, ke kina kusa. Ba ya nema sai an matsa masa, irinsu na sani. Na rubuta takardar neman hutu, in an ba ni zan zo in zauna a ofishinsa har sai ya rubuta.

Amma kafin komai, ki gaya mata yau. Yana waje, Yaya, garinku ɗaya. Kada ki yi mata abin da na yi miki. Kuma ki tambaye ta, don ba ni zan tsaya ba, ba ke ba ce.

Ƙanenki

19 ga Yuni

Ƙanena,

Muna nan da rai. Wasiƙarka ta zo ranar Talata. Auta ta ga mutumin nan ranar Litinin.

Tana dawowa daga makaranta a ƙasa, don tun abin nan ba ta shiga mota. Yana zaune a bencin mai gyaran taya, ya yi aski, yana shan shayi yana dariya. Bai ma gan ta ba. Ta shigo ta ajiye jaka ta tsaya a tsakiyar ɗaki, ba kuka ba komai. Ta ce, "Mama, kin ce ya ƙare." Na gwammace ta mare ni.

Na zaunar da ita na gaya mata duka, har layin alƙali, har rigar. Na ce ni na wanke hujjarta. Ta ce, "Ai da ba ki wanke ba da ban sake iya kallonta ba." Sai ta ce, "Ba su yarda da ni ba ne?" Na ce sun yarda, amma sun ce ba a tabbatar yadda doka take so ba. Ta ce, "To wa zai tabbatar?" Na ce mu. Ta ce, "Shi fa?" Na ce shi zama kawai zai yi.

Na ce mata ba dole. Na rantse mata in ba ta so za mu tattara kayanmu mu bar garin, ko'ina akwai kayan wanki. Ta ce in mun tafi shi zai ci gaba da zama a bencin nan? Na ce e. Ta ce to za ta je.

Kada ka yi murna, Akawu, ban gama ba. Jiya na dawo daga aiki na same ta ta yage takarda daga tsakiyar littafin lissafinta, tana rubuta duk abin da ta tuna, da lamba, ɗaya, biyu, uku, kamar mai shirin jarrabawa. Ta kai sha huɗu ta tsaya tana cizon biro. Shekara uku ina roƙon Allah ya mantar da ita, yanzu ya fara amsawa, ga ta zaune tana tono da hannunta. Ta ɗago ta ce, "Mama, ranar Laraba ce ko Alhamis? Kuma na manta kalar rigarsa. In na manta suka sake shi, laifina ne?"

Na buɗe baki in ce a'a, sai na tuna ni da ita ba ma ƙarya, kuma ban san abin da alƙalanku za su rubuta ba. Na tashi na fita tsakar gida.

An sa ranar takwas ga watan gobe. Ko an ba ka hutu ko ba a ba ka ba, ka taho. Kada ka sake aiko mini da takarda. Kai ne ka san doka, ka zo ka zauna a gabanta, ka kalli idonta ka amsa mata.

Yayarka